Ƙarfe Biyu a Ƙauran Namoda

Wuta ta dawo ƙarfe biyun dare,
lokacin da ba mai bukatarta.
Tunau ya kife kofuna, ya rufe gwangwanin madara,
ni ina kan benci, sandar gadi a cinya,
sai akwatin da ke rataye a rumfa ya yi tari, ya farka.

Tun la'asar iska ta karkata farantin kan rufi.
Ba ƙwallo, ba labarai.
Wata tasha ce ta faɗo mana daga Kanada,
in ji rubutun gindin allo
da Tunau ya bi da yatsa.

Ga wata tsohuwa, kai fari fat kamar auduga,
ta jera ƙanƙara a babban tire
tana ƙwanƙwasa da cokali.
Kowace da muryarta.
Tana kiɗa, kayan kiɗan na narkewa,
ko gaggawa ba ta yi.

Bayanta wani dogo ya zo ya zauna,
ya warware rigar sanyinsa zare-zare
har sai da wuya kaɗai ya rage.
Aka tafa masa.

Tunau ya ce, "Ƙoshi ke nan.
Sai ciki ya cika ake wasa da ruwa."
Na yi dariya, don shayinsa bashi nake sha.

Amma raina ya riga ya tafi tasha,
wajen kawuna Jaɓɓi
da ke wuni kan digar da jirgi ya manta,
da 'yar guduma, da ƙusoshi bakwai a aljihu.
Cewa yake kowane ƙarfe da sunan da yake amsawa:
wannan kukansa siriri, bai san wahala ba,
wancan ya sha rana, murya ta dushe.
Yara na jifa.
Mu da hannunmu muka kai shi gidan mai magani,
aka sa masa mari.
Marin ma sai da ya samo masa sauti.

Da damina ya rasu.
Ko a kaset ba wanda ya ɗauka.

Can ƙarshe tsohuwar ta dawo,
tirenta ruwa zalla.
Ta sunkuya ta kasa kunne.
Sai wuta ta ɗauke.

Tunau na laluben ashana a duhu.
Na ɗaga sanda, na taɓa ƙarfen rumfa
sau ɗaya, a hankali.

Ya ce, "Wane ne?"
Na ce, "Ni ne. Gadi nake."