Mai Fiyano a Gidan Majigi

Tsohon basarake na kan gado,
'ya'yansa ma na kan gado,
amma ba na kwanciya ba.

Baki na motsi, babu murya.
Ni, Maud Ackrill, nake ara musu:
sule biyu a dare, nan Hull,
yatsuna ke yi musu kuka.

Babban ɗa ya cusa wasiyya a murhu,
ƙanwarsa na ƙirga cokulan azurfa
tun gawa ba ta huce ba.
Masunta a benci na tofin Allah tsine.

Nan hannuna ke sanyi.
Yayana Cuthbert bai ƙone takarda ba,
kwaɗo kawai ya sauya
kafin mu dawo daga maƙabarta.

An kunna fitilu. Na rufe fiyano.
Shi ma na aro ne.