An Ɗage Zama

Shekara bakwai ina "wucin gadi"
a makarantar kurame ta Yalwa.
Allin da ya ƙare a hannuna ya isa ya shafe bangon kotun nan.

Takardar ta zo ran Laraba, layi uku,
ko sannu babu.

Yau lauyan gwamnati ya gyara baƙar riga,
ya ce babu Lantana Gambo a rajista,
don haka ba a kore ta ba,
tunda ba a taɓa ɗaukarta ba.
Nawa lauyan yana laluben fayil.
Fanka tana juyi a kasalance.

Ranka ya daɗe, ina da suna.
Yara suka raɗa mini, ba rago, ba goro:
yatsa biyu a kan tabon haɓata.
Duk Bauchi ni kaɗai ke amsa shi.

Shekaranjiya a Wunti, Sa'adu ya hango ni daga cikin Keke Napep,
ya kira ni da yatsun nan,
ya ce sabon malami baki yake motsawa,
ya juya musu ƙeya yana rubutu.
Ya ce, yaushe?

Alƙali ya ɗage zama sai bayan Sallah.
Na dubi hannuwana.
Ban san yadda zan faɗa wa yaron ba.