Rufin da Iska Ta Yaye

Malam ya rubuta tambaya a kan allo:
"Mece ce ikilisiya?" Aka ba mu awa biyu.
Na cika shafi bakwai da kalmomin Helenanci
da na haddace a gindin fitilar ƙwai,
na fito ina taƙama, biro a bayan kunne,
kamar wanda ya kwashe Gulbin Ka da ƙwarya.

Hutu ya zo, na hau motar Zuru, na sauka Dabai.
Ɗan acaɓa na kaucewa ramuka yana ba ni labari:
"Ashe ba ka ji ba? Hadarin daren Laraba
ya yaye kwanon majami'arku, ya nannaɗe shi
a gonar Gidiyon Manga, ya bar bango huɗu
baki buɗe, suna kallon samaniya."

Majami'armu ta gabas, don akwai ta yamma.
Shekara goma sha ɗaya ke nan da rabuwa
a kan buhu tara na baikon kaka
da ba a san inda suka kwana ba.
Baffana Yefta ya tafi da ganga da rabin mawaƙa,
babana ya riƙe ƙararrawa da littafin sunaye.
In sun haɗu a kasuwa sukan gaisa,
gaisuwar leɓe, wadda ba ta sauka zuciya.

Ran Lahadi muka taru a ƙarƙashin ɗorawa.
Benci bai isa ba, wasu kan turmi, wasu kan dutse.
Fasto Malakai ya buɗe baki ke nan
sai yayyafi ya fara ɗiga a kan takardarsa.
Ba wanda ya tashi. Tsohuwa Bilha
ta cire mayafinta ta rufe gurasar Jibi,
ta bar furfurarta a ruwa,
kamar ba ita ke tari ba tun shekaranjiya.

Sai ga ganga daga hanyar rafi.
Na san hannun nan, ya sa ni barci ina goye.
Yefta ne a gaba, ya tsufa, yana ɗingishi,
samari a bayansa da azara da ƙusa,
mata da tulunan kunu a ka.
Bai ce a yafe masa ba. Babana bai ce ya yafe ba.
Ya dai muskuta, ya bar masa rabin benci,
suka zauna, kafaɗa na taɓa kafaɗa,
kowa ya sa wa yatsun ƙafarsa ido don kunya.

Gurasar mutum sittin aka gasa, ga mu mun haura ɗari.
Bilha ta ce a gutsura ƙanana.
Abin da ya iso tafina bai fi ƙwayar gyaɗa ba,
da ɗan danshi, da ƙamshin hayaƙin murhunta.
Ban san gonar da ta ba da dawar ba,
ta gabas ko ta yamma.
Dutsen niƙa ba ya tambaya.

Litinin aka hau bango, gardama ta hau tare da mu:
wa zai biya kafinta, bandir nawa za a saya.
Yefta ya yi zuciya ya tafi kafin azahar,
da la'asar ya dawo da guduma, bai kula kowa ba.
Buhunan nan tara har yau babu labari,
ƙararrawa na gabas, ganga ta koma yamma.
In na ce an shirya duka, na yi ƙarya.

Na koma makaranta, aka miƙo mini takardata,
saba'in da biyu, da jan biro, da "madalla."
Na karanta shafukan, ban ga kuskure ba,
sai dai ruwa bai taɓa ko layi ɗaya ba.
Na juya bayanta in ƙara wani abu,
kalma ta ƙi zuwa.
Sai na zana benci, ƙafa guda a gurguje,
da tsofaffi biyu da ba sa magana,
suna tauna gutsure ɗaya.