Minti Bakwai Na Sararin Sama

A Rigasa, bayan layin dogo,
jakin Tanimu ya nutse a lakar kududdufi
da mangalar yashi a gadon bayansa.
Ni aka miƙa wa kyamara. Aka ce: kai dai ɗauka.

Na ɗauki kunnensa guda yana karkarwa,
na ɗauki Likita Asabe ta tuɓe takalmi,
ta sha ɗamara, ta zura igiya ƙarƙashin cikinsa,
tana ce masa "sannu, bawan Allah"
kamar mai jinyar ɗan'uwa.

Mutum biyar a kan igiya. Laka ta fi ƙarfinsu.
Tanimu bai ce mini uffan ba,
ido kawai ya ɗago.

Na ajiye kyamara a kan bulo.

Yanzu dare ya raba, ina ɗakin tace hoto,
tafin hannuna duk ya saluɓe.
Minti bakwai, babu jaki, babu likita,
sama ce kawai da wayar lantarki
da shirwa guda tana shawagi,
sai nishinmu, sai "ja! ku ja!"
sai wani kuka mai tsatsa can ƙarshe.

Darakta ya ce a yanke wurin.
Na ce masa, rufe ido tukuna.