Wutar Asabar

A Linkon, kan hawan nan mai kashe gwiwar jaki,
katanga ɗaya ce tsakanina da Belaset,
katangar da ko tari ba ta tarewa.
Na san daren da ɗanta Hagin ya fara haƙori.
Ta san ranar da Osbat ya dawo a buge
ya fasa mini tulu.

Ran Asabar ba sa taɓa wuta.
Ba ta taɓa cewa, "Gunilda, zo ki hura mana" ba.
Sai dai ta tsaya bakin ƙofa, hannu cikin mayafi,
ta ce wa iska, "Sanyin yau ba dama."
Ni kuwa in ɗebi garwashi a tsingaro,
in kare shi da tafi, in tsallaka.
Kowa kan shiga maƙwabta ɗibar wuta,
ni kai ta nake yi,
in fito da guntun farin burodi
da gishirin hira a baki.

Ƙararrawar cocinmu na kaɗawa a kan rufinsu,
karatun mazansu na gangarowa tsakar gidana
da harshen da ake rubutawa daga dama.
Rijiya ɗaya, guga ɗaya,
kwano ne kowa da nasa.

Tukunyar tagullar da na gada wurin uwata
Osbat ya kai jingina gidansu kan sule huɗu.
Aka yi wa sanda tsaga, aka raba ta biyu,
rabi namu, rabi nasu.
Kuɗin ruwa ya dinga hawa kamar Witam bayan mamako.
Na yi fushi. Mako uku ban gaishe ta ba,
ko da na san rabin ribar ta sarki ce.
Jajiberin Kirsimeti sai ga tukunya ta kan katanga:
"Ki dafa ki maido. Ban da alade."
Na sa alade. Allah ya gani.
Na wanke da toka har sau bakwai.

Shekarar da aka ce su liƙa ƙyalle rawaya a ƙirji,
mai siffar alluna biyu,
allurarta ta karye.
Tawa ta ara.

Makon Ista limami kan ɗaga murya,
samari su cika huluna da duwatsu.
Cikinsu har da Wakelin nawa,
wanda ta kwana tana yi wa fifita da zazzaɓi.
Na ji dutse ya sauka kan tagarsu.
Ina tankaɗe.
Na ji na biyu, na ji kukan Hagin.
Na ci gaba da tankaɗe,
garin da tuni ya yi laushi.

Asabar ta zo, na kai wuta.
Ta matsa mini hanya.
Ba wadda ta ɗaga zancen,
sai itace ɗanye da ya yi ta tsaki a murhu.

Sai shela ta zo da kaka:
kafin bikin Dukan Tsarkaka
kada Bayahude ya ƙara kwana a Ingila.
Ina za ta? Kakarta ma a lungun nan aka yanke mata cibiya.
Ta ɗaure littattafai cikin bargo,
ta bar gado, ta bar kaji, ta bar matattunta.
Ta miƙo tukunya ta kan katanga,
a ciki rabin sandar bashi.
"Ki hura wuta da ita," in ji ta.
Amalanke ya gangara, tana riƙe da birki da hannu biyu,
hawan nan bai bar ta ta waiwayo ba.

Yanzu wani mai sayar da ulu ke gidan.
Yana hura wutarsa da kansa.
Gefen ƙofa akwai ɗan gurbi a dutse
inda takan taɓa ta sumbaci yatsa;
ya cusa tsumma, wai iska na shiga.

Ni ce dai ban warke ba.
Duk Asabar da asuba
sai in tsinci kaina tsaye a tsakar gida,
garwashi a tsingaro,
yana ci, yana ƙona mini tafi.