Kantar Baba Rocco

A Bedford, layin da ke bayan tashar jirgi,
gida mai lamba sha tara, ƙofa koriya shar,
nan nake zuwa Litinin da Alhamis
in shafa wa Baba Rocco man zafi a gwiwa,
in ƙirga masa ƙwayoyi: farare biyu, ja ɗaya.

Shekara sittin da saukarsa garin nan
da akwatin kwali da takalman kawunsa.
Ya gasa bulo har bulo ya gasa shi,
tafin hannunsa kamar gindin tukunya.
Yanzu yana ta rufe ido.
Saura kunne, saura baki, saura kanta guda
cike da littattafan Italiya,
irin waɗanda Turawan nan ke zuwa hutu su dawo su rubuta.
'Yarsa ke sayo masa duk Kirsimeti,
ita da ba ta tsinci komai a harshen uwarta ba sai gaisuwa.

"Tabawa, ɗauko mai shuɗin bango."
In ɗauko, in karanta da Turancina na Zariya:
wani ya sayi kango a kan tudu,
ya gyara, ya zauna inuwar zaitun,
maƙwabta na kawo masa cuku da fara'a,
rana na faɗuwa kamar an tsiyaya manja a faranti.

Sai tsoho ya ɗaga yatsa.
"Dakata. Ya faɗi nisan rijiya?"
Na duba. Bai faɗa ba.
"Ya faɗi wanda ya bar kangon, da abin da ya kore shi?"
Na juya shafi, na sake juyawa. Babu.
Ya yi dariya har tari ya sarƙe shi.
"Baƙo ido gare shi, ba shi da ciki.
Mu da muka ci busasshen burodi da albasa,
mu muka bar masa inuwar."

Amma ranar Alhamis, tun ban tuɓe rigar sanyi ba:
"Ɗauko maƙaryacin nan, mu ji ina ya kwana."

Ni ma na san ciwon.
Na taɓa ganin garinmu a littafin laburare:
marina, ganuwa, yara na washe baki.
Babu layin jarkoki a bakin famfo,
babu Inna na kwance bakin zani tana lissafin kuɗin allura.
Na ji haushi.
Sau uku ina sake aro shi.

Wata rana muka kai babin taliya.
Marubuci ya ce a bar ta kan wuta minti ashirin.
"Kisan kai!" Ya miƙe da sandarsa,
ya tasa ni gaba har kicin, ya sa ni kwaɓi.
Na ce, Baba, mu ma muna da 'yar murji,
da manja da yaji muke cin tamu.
Ya dafe ƙirji kamar na zagi kakarsa.
Mako na zagayowa na kawo masa a kula.
Ya cinye tas. Bai ce uffan ba.
Ya dai miƙo kwanon.

Cikin Fabrairu ya cika, ana yayyafi.
'Yar ta zuba kantar a kwali uku, za a kai gwanjo.
"Ɗauki wanda kike so."
Na ɗauki maƙaryacin.

A bas na buɗe taswirar bangon ciki,
ƙasar nan mai siffar doguwar ƙafa.
Manyan birane fes, kamar ba a taɓa su ba.
Sai can ƙasa, wajen idon sawu,
inda mai zane bai ga abin rubutawa ba,
takarda ta yi baƙi, ta yi laushi, ta kusa hujewa,
daidai faɗin yatsa guda.

Na ɗora nawa a gurbin.
Ban ankara ba sai da muka wuce tashata.