Tikitin da Ba a Yaga Ba

Babana, Alwyn Prothero,
littafi huɗu ya rubuta a kan mutum ɗaya:
Dell Marrack, mai jita,
wanda ihunsa ya taɓa tsaga tagar wani zaure a Swansea.

Na farko, ƙuruciyarsa a tashar jiragen ruwa.
Na biyu, shekarun da 'yan kallo ke suma.
Na uku giya ce daga bango zuwa bango.
Na huɗu bai sayu ba,
da shi muka tokare ƙafar teburin cin abinci.

Baba ya san daren da tsirkiyar jitar ta tsinke a Leeds,
ya san lambar takalmin mutumin,
har sunan karen matarsa ta biyu.
Ranar haihuwata kuwa
sai Mama ta rubuta masa a tafin hannu.

Sau ɗaya suka haɗu, minti tara, a bayan dandali.
Dell ya miƙa masa kwalba ya riƙe,
ya zaci direba ne.
Minti taran nan sun ci shafi sittin.

Yau tun asuba ake ruwa.
Ina ɗaure kwalayensa,
keken rubutun har yanzu warin taba yake.
A bayan wani tsohon tikiti
na ga rubutunsa, mitsi-mitsi kamar tururuwa:
"Carys ta fara tafiya. Taku uku.
Ban je wasan ba."

Na juya tikitin, na sake juyawa.
Mai motar kaya na ta danna hon a ƙasa.